Saƙon huda yatsa da allura: Dakta, mece ce gaskiyar magana a kan shanyewar ɓarin jiki?

Maman Ilham: Assalamu alaikum jama'ar zaure. Dakta don Allah in kana kusa. Wani saƙo ne ke ta yawo a WhatsApp, yau ma an sake turo mini shi daga zauren danginmu. Wai idan mutum ya faɗi ɓarin jikinsa ya shanye, kada a motsa shi, a samo allura a ƙona bakinta a huda kan yatsunsa goma har jini ya fito, in bakinsa ya karkace a ja kunnuwansa su ma a huda. Wai nan take zai dawo daidai. Hajiyarmu tana da hawan jini, shi ya sa abin ya tsaya mini a rai.

Baban Khalifa: Wa alaikumus salam. Ai saƙon nan ya girmi WhatsApp ɗin kanta, tun zamanin imel yake yawo.

Dakta Sani: Wa alaikumus salam Maman Ilham. Ba gaskiya ba ne, kuma duk wanda saƙon ya zo wa ya goge shi, kada ya tura gaba. Ciwon a ƙwaƙwalwa yake. Ɗigon jinin yatsa ba ya buɗe jijiyar da ta toshe a kai, ba ya kuma tsayar da wadda ta fashe. Abin da ya fi tayar mini da hankali ma ba allurar ba ce, cewar da aka yi a zauna a jira. An ƙiyasta cewa idan babbar jijiya ta toshe, ƙwayoyin ƙwaƙwalwa wajen miliyan 1.9 ke mutuwa a kowane minti.

Ga abin da za ki yi in kin ga Hajiya ta sauya farat ɗaya. Ki ce ta yaƙe haƙora, ki duba ko gefe ɗaya na bakin ya zube. Ki ce ta ɗaga hannu biyu, ki ga ko ɗaya na sauka da kansa. Ki sa ta karanta Fatiha, ki saurara ko harshe ya yi nauyi ko kalmomin sun cakuɗe. Ko ɗaya kika gani, a nemi mota. Haka ma in ido ɗaya ya daina gani, ko jiri ya kwashe ta ta kasa tsayuwa, ko ciwon kai irin wanda ba ta taɓa ji ba ya sauko mata lokaci guda. Ki kuma dubi agogo, domin tambayar farko da za mu yi miki ita ce ƙarfe nawa aka gan ta lafiya na ƙarshe.

Malam Ɗanladi: Dakta, ban ƙi taka ba, amma bari in yi tambaya tsakani da Allah. Me ya sa abin nan kusan kullum da asuba yake samun mutane, kuma a banɗaki? Mutum ya shiga kama ruwa lafiya lau, a fito da shi a ɗauke. Mun san abin da aka karantar da mu game da wuraren nan. Ba kowane abu ne hoton asibiti ke nunawa ba.

Dakta Sani: Malam, lurar da ka yi daidai ce, kuma tana da bayani. Jinin ɗan Adam yana hawa da kansa a lokacin farkawa, shi ya sa ko a ƙasashen da ba a tashi sallar asuba, da safe ciwon ya fi faɗa wa mutane. Wasu kuma tun suna barci abin ya same su, ba su sani ba sai da suka miƙe ƙafa ta ƙi ɗaukarsu, kuma ina mutum ke fara nufa in ya tashi? Ga yunƙurin bayan gida, shi ma yana ƙara hawan jinin. Ni ban hana kowa addu'a ba, ni ma ina yi wa marasa lafiyata. Roƙona ɗaya ne: a yi ta a cikin mota, ana tafiya. Abin da muke gani shi ne a kwana uku ana hayaƙi da tofi a ɗaki, sai numfashi ya fara sarƙewa sannan a kawo shi.

Malam Ɗanladi: To ai na san wanda bakinsa ya karkace, aka yi masa ruƙiya kawai, cikin 'yan makonni ya miƙe sarai. Ko asfirin bai sha ba.

Dakta Sani: Na yarda an yi haka. Akwai wani ciwon daban da ke kama jijiyar fuska kaɗai, shi ne wanda mutanenmu suka fi kira marin aljani. Hannu da ƙafa lafiya, magana ba ta cakuɗe ba, sai dai ido ya ƙi rufuwa, goshin gefen kuma ba ya tattarewa in an ɗaga gira. Yawancin masu shi suna warkewa ko ba a yi komai ba, duk da cewa maganin da ake bayarwa a kwanakin farko yana taimakawa. A shanyewar ɓarin jiki kuwa galibi goshin yana motsi, ƙasan fuskar ne ke zubewa. Amma kada dangi su zauna suna wannan tantancewar a gida, a bar mana.

Nas Hauwa: Dakta ka ba ni dama in ƙara abu ɗaya, don mu ne ke kwana da su a ɗakin jinya. Don girman Allah kada a ɗura masa komai a baki. Ba rubutu, ba zamzam, ba zuma, ba kunu, ba ƙwayar magani. Kusan rabin waɗanda abin ya sama haɗiyarsu tana lalacewa a kwanakin farko, abin da aka ɗura sai ya bi hanyar iska ya sauka a huhu. Bayan kwana biyu zazzaɓi ya rufe shi, ƙirji ya cika, a ce ciwon ne ya yi tsanani, alhali kunun ne. A kwantar da shi ta gefe, a sassauta masa wuyan riga, a cire haƙoran roba in yana da su. In ana so a yi amfani da zamzam a shafa masa a goshi.

Baban Khalifa: Asfirin fa? Na ji ana cewa a ba mai ciwon zuciya ya tauna nan take. Ba haka ba ne a nan?

Dakta Sani: A'a, nan ne mutane ke haɗa biyun. Ka ɗauki ƙwaƙwalwa kamar fadamar da ake ba ruwa ta kwata. Shuka na iya mutuwa don kwatar ta toshe ruwa bai iso ba, tana kuma iya mutuwa don kwatar ta ɓalle ruwa ya malale ta. Daga waje duk shanyewa ɗaya kake gani. Asfirin yana hana jini daskarewa, yana da amfani ga toshewa, amma ga wanda jijiyarsa ta fashe ƙara masa zubar jinin zai yi. Hoton kai na CT ne kaɗai ke raba su.

Kuma a wajenmu fashewar ba kaɗan ba ce. Akwai babban binciken da ake kira SIREN, wanda Farfesa Mayowa Owolabi na Ibadan ya jagoranta a asibitocin Najeriya da Ghana, har da Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano, da na Jami'ar Ahmadu Bello a Zariya, da na Kumasi. Sakamakon da suka fitar a 2018, daga marasa lafiya sama da 2,000, ya nuna kusan ɗaya cikin uku fashewa ce. A Turai da Amurka ba ta kai haka ba. Wato in ka ba shi asfirin da ka, cacar da ka buga babba ce.

Ɗaya kuskuren shi ne a tsaya a kemis, a auna a ga jini ya kai 200, a fasa ƙwayar nifedifin, maganin sauke hawan jini, a sa masa ƙarƙashin harshe. In toshewa ce, jiki da gangan yake ɗaga jinin don ya tura shi ta ƙananan hanyoyi zuwa wurin da ke shirin mutuwa. Ka sauke shi da ƙarfi, ka ƙarasa wurin. Mu kanmu a irin wannan ba mu cika taɓa shi a ranar farko ba sai ya haura 220 bisa 120, ko in za a yi allurar narkar da gudan jini.

Abu Hanif: Dakta, mu faɗa wa juna gaskiya. Kullum ana ce mana a yi sauri a yi sauri, akwai allurar da ke narkar da jini cikin awa huɗu da rabi. A ina take? Mun kai kawuna wani babban asibiti, aka ce na'urar hoton ta lalace, mu fita waje mu yi. Kuɗin hoton kaɗai sai da aka yi karo-karo. Kafin sakamako ya fito gari ya waye. Allurar ko sunanta ba wanda ya ambata mana. To saurin na mene ne? Talaka ya kwashi mara lafiya ya je ya zube shi a baranda?

Maman Ilham: Wallahi tambayar da ke bakina ke nan.

Dakta Sani: Abu Hanif, Allah ya ba kawu lafiya. Ba zan yi maka kwana-kwana ba. Allurar tana nan a duniya, sunanta alteplase, kuma a ƙasashen da suka ci gaba har zaro gudan jinin ake yi ta jijiyar cinya. A nan wurare ƙalilan ne ke da ita, tana da tsada, kuma waɗanda suka samu ba su taka kara sun karya ba. Wannan gazawar hukuma ce, ba ta dangi ba.

Amma ba allurar ce kaɗai dalilin saurin ba. Da farko, ba duk abin da ya yi kama da shanyewa ne shanyewa ba. Mai ciwon suga da ya sha magani bai ci abinci ba, sugansa ya faɗi, zai iya zuwa da hannu a mace da baki a karkace. Gwajin ɗigon jini na minti ɗaya, a sa masa ruwan suga ta jijiya, ya tashi zaune. A bar shi a gida ya kwana, ƙwaƙwalwar ta lalace da gaske. Na biyu, yawancin waɗanda muke rasawa bayan kwanakin farko ba ciwon kansa ke kashe su ba. Ciwon huhu ne, da bushewar jiki, da gyambon kwanciya, da gudan jini a ƙafa. Gwada haɗiya, sa robar abinci ta hanci, sauke zazzaɓi, daidaita suga, juya mara lafiya: ba ɗayansu da ke buƙatar na'urar miliyoyi, kuma an tabbatar irin wannan kulawar tana rage mutuwa da naƙasa. Shawarata, in akwai asibiti mai hoton kai da za ku iya kaiwa, ku wuce can kai tsaye, kada ku ɓata awa uku a ƙaramin wurin da ƙarin ruwa kawai za a yi masa.

Abu Hanif: Na ji, amma ban gamsu duka ba. Ku likitoci ku riƙa faɗa wa gwamnati da irin ƙarfin da kuke faɗa mana.

Hajiya Yalwa: Ku yi haƙuri in katse ku. Shekaranjiya maigida yana shan shayi kofi ya suɓuce masa, hannun dama ya mutu, maganarsa ta zama kamar ta mai maye. Kafin mu kira yaro ya fito da mota ya ware sarai, har yana mana dariya wai gajiya ce. Yanzu haka yana kasuwa. Sai da na karanta bayanin Dakta gabana ya faɗi.

Dakta Sani: Hajiya, ki kira shi yanzu, yau za a kai shi, ba gobe ba. Jijiya ce ta toshe ta sake buɗewa da kanta. Gargaɗi ne, kuma haɗarin babbar shanyewa ya fi yawa a kwanakin farko bayansa. A auna jini da suga da kitsen jini, a yi hoton kai, a yi gwajin bugun zuciya. Akwai wata rikicewar bugun zuciya da ke tara gudan jini ta harba shi kai, ita maganinta daban ne da asfirin. Kada ya tuƙa mota da kansa. Yana shan maganin hawan jini?

Hajiya Yalwa: An taɓa ɗora shi a kai, ya sha na wani lokaci, da aka auna aka ga ya sauka sai ya bari. Ya ce abokansa sun ce maganin yana kashe ƙoda, kuma yana rage wa namiji ƙarfi. Zoɓo da tafarnuwa yake sha yanzu. Bari in kira shi.

Dakta Sani: Wannan labarin nake ji kusan kowace ranar asibiti. Jinin ya sauka ne don yana shan maganin, ba don ya warke ba. Hawan jini ba ya ciwo, mutum na iya yawo da 180 yana ciniki yana raha. A binciken nan na SIREN, kimanin kashi 90 cikin 100 na haɗarin shanyewa a yankinmu ga hawan jini aka danganta shi. Ƙoda kuwa hawan jinin da aka bari ne ke cinye ta, wasu magungunan ma kare ta suke yi. Maganar ƙarfi ba zan ce ƙarya ce zalla ba, akwai nau'in da ke yi wa wasu haka, kamar yadda amlodifin ke kumbura wa wasu ƙafa, lisinofiril ke sa wasu busasshen tari. Amma magungunan suna da yawa, a faɗa wa likita ya canja. Maza kunya ke hana su faɗa, sai su jefar da kwalin a shiru. Zoɓo marar suga yana ɗan sauke jini, ban hana ba, amma ba zai riƙe wanda ya riga ya samu gargaɗi ba.

Ɗan Maraɗi: Lokotoro, gishiri fa? Mu a gidanmu an daina sa gishiri a miyar tsoho, dunƙule kawai ake sakawa. Sannan matata ta kusa haihuwa, tsofaffi sun fara tanadin kanwa.

Dakta Sani: Dunƙulen ai kusan rabinsa gishiri ne, an fita ta ƙofa an dawo ta taga. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada babba ya wuce giram 5 a yini, wajen ƙaramin cokalin shayi ɗaya, a haɗe da na miya da na burodi da na yajin tsire. A ƙara daddawa da albasa da citta, a yawaita zogale da alayyahu da rama. Binciken da na ambata ya samu masu cin ganye kullum sun fi tsira. A kuma yi hattara da magungunan ciwon jiki irin su diclofenac da ake haɗa wa mutane a kemis suna sha kullum, suna ɗaga jini.

Kanwa kuwa ita ma dangin gishiri ce. Tun shekarun 1970 likitocin Zariya suka rubuta yadda kunun kanwa da zafin wankan jego ke da hannu a ciwon zuciyar masu jego. Makonnin farko bayan haihuwa lokaci ne da mace ke cikin haɗarin shanyewa, musamman wadda jininta ya hau da cikin. A auna ta bayan haihuwa, kuma in ta yi kukan ciwon kai mai tsanani ko ganinta ya dushe, kada a ce jego ne.

Maman Sadiq: Dakta yara ma suna yi? Ɗana mai sikila ne, shekararsa biyar.

Dakta Sani: Suna yi. In ba a ɗauki mataki ba, wajen ɗaya cikin goma na masu sikila mai tsanani kan samu shanyewa kafin su kai shekara 20. Akwai gwajin da ake ɗora wata 'yar na'ura a gefen kai a auna gudun jini a jijiyoyin ƙwaƙwalwa, ba allura ba zafi, ana yi sau ɗaya a shekara daga shekara 2 zuwa 16. Wanda aka ga nasa ya yi gudu da yawa ana kare shi da ƙarin jini duk wata. A nan Kano aka yi binciken da ya nuna maganin hydroxyurea yana wannan aikin a inda ƙarin jini duk wata ba zai yiwu ba, a Asibitin Malam da na Murtala. Ki tambaya a asibitin sikilar da kuke zuwa.

Yaya Rabi: Ni nawa ya riga ya faru. Babanmu yana gida, ɓarin dama ne, ba ya magana sai "to, to". Wani lokaci sai ya fashe da kuka ba dalili. Ana ta kawo mana masu ƙaho da masu man shafawa. Zai tashi kuwa?

Anti Fisiyo: Yaya Rabi sannu da ɗawainiya, Allah ya ba da lada. Ba wanda zai yi miki alƙawarin iya inda zai kai, amma mafi yawan sauƙin yana zuwa ne a wata uku na farko, ya ci gaba a hankali zuwa wata shida, wasu har bayan shekara suna ƙaruwa. Don haka watannin nan ba na yawon neman mai magani ba ne, na aiki ne. Ƙaho da tsaga ba sa kai wa ga ƙwaƙwalwa, kuma in yana shan maganin tsinka jini, zubar jini za su jawo masa.

Mu a sashen gashi abubuwan da suka fi ba mu wahala daga gida suke zuwa. Kada a ja shi ta hannun da ya shanye in za a tayar da shi, kafaɗar ba ta da abin riƙe ta, za ta goce ta bar shi da ciwon da zai hana shi motsa jiki. A tallafe shi ta ƙugu, in yana zaune a ɗora hannun a kan matashi. Kada a gasa shi da ruwan zafi ko a ajiye masa kaskon wuta kusa, ɓarin ba ya jin zafi sosai, muna ganin ƙuna munana. In bai iya juyawa ba a juya shi duk bayan awa biyu, a duba bayan ƙugu da dugadugai. Sai babban cikinsu, tausayi. Ana ba shi abinci a baki, ana sa masa hula, ana ɗauko masa buta, shi kuma yana kwance. Ƙwaƙwalwa da maimaici take koyon sabuwar hanya. A bar shi ya yi fama da cokali ko zai ɓata riga. A zaunar da shi a tsakar gida cikin mutane, ba a ƙuryar ɗaki ba.

Maganar kuma, cibiyarta a ɓarin hagu na ƙwaƙwalwa take ga yawancin mutane, shi ya sa take tafiya tare da shanyewar dama. Hankalinsa na nan. Kada a riƙa zancensa a gabansa kamar ba ya wurin, kada a yi masa tsawa, ba kurma ba ne. Gajerun tambayoyi, mutum ɗaya a lokaci guda, a ba shi lokaci ya amsa. Ku gwada karanta gajerun surori tare da shi, sau da yawa abin da aka haddace tun yarinta yana fitowa ko da maganar yau da kullum ta ƙi. Kukan yana iya zama daga ciwon kansa, yana kuma iya zama ciwon damuwa, wanda ke kama kusan ɗaya cikin uku. Duka biyun ana maganinsu, ki faɗa wa likitansa.

Malam Ɗanladi: Nan kam fagena ne. Yaya Rabi, ku tuna masa lokutan salla, ya yi a zaune, in bai iya ba a kishingiɗe, a taimaka masa da alwala ko taimama. Azumi kuma Allah ya yi wa mara lafiya rangwame, kada a bar shi ya ajiye magani saboda shi. Amma Dakta, a kan maganar banɗaki har yanzu ina nan a kan bakana.

Dakta Sani: Malam, in dai za a sa shi a mota, ka zauna a kan bakanka, ba mu da faɗa.

Yaya Rabi: Na gode ƙwarai. Tambaya ta ƙarshe, mun sayi na'urar awon hawan jini ta gida. A wane hannu za mu riƙa ɗaura masa?

Nas Hauwa: A hannun mai lafiya. Ya zauna ya huta minti biyar tukuna, baya a jingine, hannun a kan matashi daidai ƙirji, ba surutu. Ku auna da safe kafin ya sha magani, da kuma dare, ku rubuta a ɗan littafi da kwanan wata ku tafi da shi ranar ganin likita. In kuna yawan ganin 140 bisa 90 ko sama, kada ku ƙara masa ƙwaya da kanku, ku koma tun ranar ba ta zo ba.